F32 ko F33: Me lambar da ke kan takardar asibiti take faɗa game da ciwon tsananin damuwa?

Wanda ya ga likitan ƙwaƙwalwa a Kaduna yakan fito da takardar turawa ko fom ɗin inshora, ya duba gurbin sunan ciwo ya tarar an rubuta F32.1. Da yawa sukan ninke takardar su cusa a aljihu gabansu na faɗuwa, balle idan daga Asibitin Ƙwaƙwalwa na Tarayya da ke Barnawa ta fito, don a garin nan kowa ya san abin da ake nufi idan aka ce an kai wane Barnawa. To wannan lambar ba hauka take nufi ba.

Asalinta wani kundi ne na Hukumar Lafiya ta Duniya da ake kira ICD, wanda ya ba kowane ciwo harafi da lamba domin asibitocin duniya su riƙa rubutu iri ɗaya. An amince da bugu na 10 a 1990, aka fara aiki da shi a 1994. A cikinsa hawan jini I10 ne, zazzaɓin cizon sauro kuma yana tsakanin B50 da B54. Harafin F na matsalolin ƙwaƙwalwa da ɗabi'a ne, daga F00 zuwa F99. Ciwon tsananin damuwa ya samu gurbi biyu: F32 idan wannan ne karon farko, F33 idan yana tafiya yana dawowa.

Ba don mutum ya ce ransa a ɓace yake ake rubuta F32 ba. Ƙa'ida ta ce a ƙalla a yi mako biyu ana cikin halin, kuma akwai manyan alamomi uku: ƙuncin rai kusan kullum, daina jin daɗin abin da a da ake so, da mutuwar jiki ba tare da an yi wani aiki ba. Sai ƙananan alamomi, irin su rashin barci, rashin son abinci, kasa tattara hankali, raina kai, yawan ɗora wa kai laifi, ɗebe tsammani da gaba, da tunanin hallaka kai. Wannan na ƙarshe ba a jiran mako biyu a kansa, ranar da aka ji shi ranar ake zuwa asibiti.

Lambar bayan ɗigo ita ce ke faɗin nauyin ciwon. F32.0 mai sauƙi ne, mutum yana fita kasuwa ko ofis amma da ƙyar. F32.1 matsakaici, inda harkokin gida da sana'a suka fara gagara. F32.2 mai tsanani, manyan alamomin nan uku duk sun haɗu. F32.3 kuwa shi ne wanda tsananin ya kai mutum yana jin muryoyin da babu su, ko ya kafe a kan abin da ba gaskiya ba, kamar cewa shi ne ya jawo wa danginsa duk wata masifa.

Inda matsalar take a wurinmu shi ne ba kasafai mara lafiya ke cewa yana cikin damuwa ba. Mace za ta zauna gaban likita ta ce kanta na zafi, ƙirjinta ya yi nauyi, jikinta ba ƙarfi. An yi mata maganin maleriya, an yi na taifot, shiru. Idan ba a tambaye ta barcinta da cin abincinta da abin da ke ranta ba, fayil ɗinta zai cika da lambobin wasu cututtuka, ciwon gaskiya kuma bai shiga lissafi ba. Da waɗannan lambobi hukumomi ke ƙirga masu ciwo, kuma ciwon da ba a ƙirga ba da wuya a ware masa kuɗi ko magani.

Bambancin F32 da F33 ya dogara ne da tarihin da aka ba likita, shi ya sa ɗan rakiya yake da muhimmanci. Idan an taɓa shiga irin halin shekarun baya aka warke, a faɗa, domin mai F33 yakan daɗe a kan magani don kada ciwon ya dawo. Har lamba aka ware wa wanda ya samu sauƙi, F33.4. Haka nan idan akwai lokacin da mutum ya yi kwanaki ba ya barci kuma bai gaji ba, yana surutu ba ƙaƙƙautawa, yana ɓarnar kuɗi, kada a ɓoye don kunya. Wannan yana mayar da lamba zuwa F31, wani ciwo dabam mai hawa da sauka, wanda shan maganin damuwa ba tare da an haɗa shi da wani magani ba kan iya tayar da shi. Baƙin cikin rasuwa kuwa, kamar na mai takaba, ba ya zama F32 kai tsaye. F32.9 ma'anarta ba a fayyace nauyin ciwon ba; a ganina idan an daɗe ana zuwa asibiti tana nan ba ta canza ba, ya kamata a tambayi dalili.

Mai bincike a intanet ya lura, yawancin shafukan da za su fito na Amurka ne. Su suna da nasu gyararren kundin tun Oktoban 2015, har da lamba F32.A da suka ƙara a 2021, wadda babu ita a na Hukumar Lafiya ta Duniya. Sannan sabon bugu, ICD-11, ya fara aiki a Janairun 2022, inda F32 ta koma 6A70, F33 ta koma 6A71. Ƙasashe na komawa kansa a hankali, don haka duka biyun ana iya gani.

Saura tambayar da ta fi damun mutane: wa zai ga lambar? Likita, ma'aikatan sashen fayil, da hukumar inshora idan ita za ta biya, ko NHIA ta tarayya ko KADCHMA ta jihar Kaduna. Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 ta ce bayanan mara lafiya sirri ne, ba a fitar da su sai da izininsa a rubuce, ko umarnin kotu ko wata doka, ko kuma idan ɓoyewar za ta jefa jama'a cikin haɗari. Dokar ta kuma ba shi haƙƙin a yi masa bayanin ciwonsa, saboda haka cewa "Likita, me wannan lambar take nufi?" ba rashin kunya ba ne. Dokar lafiyar ƙwaƙwalwa da Shugaba Buhari ya sa wa hannu a Janairun 2023, wadda ta maye gurbin tsohuwar dokar 1958, ta hana nuna wa mai irin wannan ciwo wariya, har a wurin aiki. Ma'aikacin da ke neman takardar hutun jinya yana iya roƙon likita ya rubuta kwanakin hutun kawai, a bar sunan ciwo da lambarsa a cikin fayil.