Diyyar wanda ya rasu a haɗarin mota

Diyya ita ce dukiyar da ake biyan magadan wanda aka kashe. Mutuwa a haɗarin mota, idan akwai sakacin direba, malaman fiƙihu suna sanya ta a babin kisan kuskure, wanda hukuncinsa ya zo a aya ta 92 ta Suratun Nisa'i: diyya ga iyalin mamaci sai in sun yafe, da kuma kaffara, wadda a yau ta koma azumin wata 2 a jere. Zariya mahaɗar hanyoyin Kaduna, Kano, Funtuwa da Jos ce, don haka maganar ba baƙuwa ba ce a kotunanta da zaurukan masu unguwanninta.

A mazhabar Malikiyya, wadda ake bi a ƙasar Zazzau, cikakkiyar diyya raƙuma 100 ce ga masu raƙuma, dinari 1,000 ga masu zinare, ko dirhami 12,000 ga masu azurfa, kamar yadda ya zo a Risalar Ibn Abi Zaid. Ta mace rabin ta namiji ce. Da zinare aka fi yin lissafi a Najeriya. Dinari ɗaya giram 4.25 ne, diyya ke nan giram 4,250, sai a ninka da farashin giram a kasuwa. Akwai hanya mafi sauƙi: nisabin zakka dinari 20 ne, to duk adadin da hukumomin zakka suka sanar a matsayin nisabi, a ninka shi sau 50. Shi ya sa kuɗin diyya ba ya tsayawa wuri ɗaya, yana bin zinare da darajar naira.

Shari'a ba ta ɗora wannan nauyi a kan direba shi kaɗai ba. Diyyar kuskure tana kan aƙila, wato danginsa maza na wajen uba, kuma ana biya cikin shekara 3. Da yake wannan tsari ya yi rauni a birane, wasu malaman zamani suna ganin ƙungiyar sana'a ko kamfanin inshora na iya tsayawa a madadinsa.

Rabo kuwa irin na gado ake yi. Misali, mutum ya bar mata ɗaya da 'ya'ya maza 2 da mata 3, iyayensa sun riga shi rasuwa. Matar tana da tumuni, wato ɗaya bisa takwas na dinari 1,000, dinari 125 ke nan. Ragowar 875 a kasa shi 7: kowane ɗa 250, kowace 'ya 125.

A babbar kotu ma'aunin daban ne. Alƙali yana duba abin da mamacin ke kashe wa iyalinsa a shekara, ya ninka da shekarun da ake kyautata zaton zai ci gaba da ɗaukar nauyinsu, a ƙara kuɗin jana'iza. Wajibi ne a tabbatar da sakaci, shi ya sa rahoton 'yan sanda, zanen wurin haɗari da takardar shaidar mutuwa daga asibiti, kamar na koyarwa da ke Shika kusa da Zariya, suke da muhimmanci. Doka ta tilasta wa kowace mota inshorar da ke kare wanda aka buge, kuma a Janairun 2023 an mayar da kuɗin da mai ƙaramar motar gida ke biya don yin ta naira 15,000. Iyalai da yawa ba su san suna da haƙƙi a cikinta ba, abin takaici.

Mafi yawan shari'o'in ba sa kaiwa kotu. Bayan sadakar uku ko ta bakwai, dangin direba da shugabannin tasha sukan zo ta'aziyya, wani dattijo daga dangin mamaci ya ce "mun yafe, haka Allah ya ƙaddara", a karɓi ɗan abin da aka kawo, magana ta mutu. Yafiya alheri ce da Alƙur'ani ya buɗe ƙofarta, amma kowane magaji kasonsa kaɗai yake da ikon yafewa. Baffa ba shi da hurumin yafe rabon matar ƙanensa ba da yardarta ba, kuma rabon marayun da ba su balaga ba dukiyarsu ce, waliyyi ba ya kyautar da ita. Idan aka yi sulhu a kan adadin da bai kai cikakkiyar diyya ba, ya kamata a rubuta shi gaban alƙali, a bayyana wanda ya yafe da wanda aka ajiye wa nasa.