Amfibiya: dabbobin ruwa da tudu

Amfibiya rukuni ne na dabbobi masu ƙashin baya waɗanda yawancinsu ke fara rayuwa cikin ruwa, sannan su fito tudu idan sun girma. Sunan ya fito daga Girkanci, ma'anarsa rayuwa iri biyu. Kwaɗo shi ne wanda Bahaushe ya fi sani a cikinsu. Masana sun ƙidaya nau'o'i fiye da 8,000, kuma ana samun su a kowace nahiya ban da Antatika.

Fata ce babbar alamarsu. Laushi gare ta da danshi, babu gashi, babu fuka-fuki, babu ɓawo irin na ƙadangare. Ruwa da iska na ratsa ta, shi ya sa kwaɗo ba ya shan ruwa da baki, ta fatar cikinsa yake tsotsa, kuma ta fata yake samun wani kaso na numfashinsa. Wannan baiwa ita ce kuma rauninsa, domin idan fatar ta bushe ya mutu. Jikinsu ba ya samar da ɗumin kansa, yana bin zafi ko sanyin wurin da suke. Zuciyarsu ɗaki uku gare ta. Ƙwansu ba shi da ɓawo, yana lulluɓe da yauƙi, don haka sai cikin ruwa ko wuri mai laima ake saka shi. A nan suka rabu da kada da kunkuru da guza, waɗanda ko da suna shiga ruwa, a tudu suke saka ƙwai mai ɓawo. Ba laifi ba ne a rikita su, domin Linnaeus kansa, masanin Suwidin da ya tsara rukunonin halittu, ya haɗa su a rukuni ɗaya a shekarar 1758.

Abin da ke fitowa daga ƙwan kwaɗo shi ne talibambam, mai wutsiya, mai numfashi kamar kifi. Sannu a hankali ƙafafun baya su fito, sai na gaba, wutsiya ta narke, huhu ya kama aiki, hanji ya gajarta saboda ya bar cin gansakuka ya koma cin ƙwari.

An kasa amfibiya na yanzu gida uku. Anura, wato kwaɗi marasa wutsiya, su ne kusan kashi 88 cikin 100. A cikinsu akwai kwaɗon Goliyat na Kamaru da Ikwatoriyal Gini, wanda kan kai santimita 32 da nauyin sama da kilo 3, akwai kuma wani ɗan mitsitsi a Papuwa Niu Gini da bai kai milimita 8 ba. Kwaɗin yankin Sahel da rani sukan binne kansu cikin ƙasa su jira damina, abin da ya sa ake ganin kamar da ruwan farko suka sauko.

Gida na biyu Caudata ne, su salamanda, masu wutsiya da siffar ƙadangare. Babu su a Afirka kudu da Sahara. Na ƙasar Sin kan kai mita 1.8, wasu na Amurka ba su da huhu kwata-kwata, shi kuwa aksolotil na Meziko yana hayayyafa ba tare da ya bar siffar ƙuruciya ba. Na uku Gymnophiona, marasa ƙafa masu kama da tana, suna zaune a ƙarƙashin ƙasa mai laima a ƙasashe masu zafi, nau'o'insu sun ɗan haura 200.

Ka'idar ƙwai da talibambam ba ta hau kan kowa ba. Wani kwaɗo na Dutsen Nimba a Gini haihuwa yake yi, 'ya'yan su fito da cikakkiyar siffarsu.

Asalin amfibiya yana komawa ga wasu kifaye masu kaurin fiffike, kimanin shekaru miliyan 370 da suka wuce. Binciken da ƙungiyar kare halittu ta duniya, IUCN, ta yi a 2023 ya nuna kusan kashi 41 cikin 100 na nau'o'insu na fuskantar barazanar ƙarewa, saboda sare dazuka, cike fadamu, sauyin yanayi da wata cutar fata mai suna kaitirid. Kwaɗon zinariya na Kosta Rika tun 1989 ba a sake ganinsa ba.