Asisat Oshoala da maganar kai yarinya ƙwallo waje: amsa sau ɗaya

Duk ranar da Super Falcons, babbar tawagar ƙwallon mata ta Najeriya, suka buga wasa, tambayoyin nan kan Asisat Oshoala da kai yarinya ƙwallo waje ne dai ke dawowa, daga gidajen kallo na Fagge zuwa na Kurna. Ga amsarsu wuri ɗaya, kowa ya karanta ya huta.

Oshoala Bahaushiya ce?

A'a. Bayarabiya ce, Musulma, haifaffiyar Ikorodu a jihar Legas, ranar 9 ga Oktoba 1994.

Wane gida take bugawa a fili?

Gaba. Aikinta cin ƙwallo.

Waɗanne ƙungiyoyi ta buga wa?

FC Robo ta Legas, sai Rivers Angels ta Fatakwal. A 2015 Liverpool ta ɗauke ta, ta zama 'yar Afirka ta farko a babbar gasar mata ta Ingila. A 2016 ta koma Arsenal, suka ɗauki kofin FA. Daga nan Dalian ta ƙasar Sin a 2017, Barcelona a 2019 (da aro ta fara, daga baya aka saye ta), Bay FC ta Amurka a 2024, inda ita ta ci wa kulob ɗin ƙwallonsa ta farko a gasa, sannan Al-Hilal ta Saudiyya a 2025.

Wa ya yi mata hanyar Turai?

Ƙafarta. A gasar duniya ta 'yan ƙasa da shekara 20 da aka yi a Kanada a 2014 ta zura ƙwallo 7, ta ɗauke takalmin zinare da ƙwallon zinare duka, duk da Jamus ta doke Najeriya 1-0 a wasan ƙarshe bayan ƙarin lokaci. A shekarar kuma ta ci kofin Afirka da Falcons a Namibiya. Bayan nan ne Liverpool ta zo. Ku lura da jerin: kulob na gida, tawagar matasa ta ƙasa, babbar tawaga, sannan waje. Masu son tsallake ukun farko su faɗa na huɗu, su ne ake wanke wa aljihu.

Wani ya ce zai kai ƙanwata gwaji Turai in mun biya kuɗin biza da tikiti. Mu biya?

Wannan ce tambayar da ta cancanci a zauna a kanta, kuma amsarta ba "i" ko "a'a" ba ce kai tsaye, ko da yake ta fi karkata ga a'a.

Fara da shekarunta. In ba ta cika 18 ba, magana ta kusa ƙarewa: sashe na 19 na dokar FIFA kan sauya sheƙa ya hana kai ɗan wasa wata ƙasa kafin 18. Akwai 'yan togaciya, misali iyaye su yi ƙaura saboda dalilin da bai shafi ƙwallo ba, amma da wuya ɗaya ta hau kan yarinyar da ke zaune a Gwammaja da iyayenta. Duk wanda ya ce zai "gyara" shekarun, ku sallame shi. Ranar haihuwar da ke takardar makaranta, da ta NIN, da ta fasfo dole su zo ɗaya. Bambancin wata guda ya isa a riƙe rajista, kuma ƙaryar shekaru yarinyar take bi har ƙarshen wasanta, ba shi ba.

In ta cika 18, sai a tambayi mutumin lasisinsa. Tun 2023 sabon ejan, wato wakilin 'yan wasa, sai ya ci jarrabawar FIFA, kuma sunayen masu lasisi na nan a shafin FIFA na intanet, kowa na iya dubawa. Hoton da ya ɗauka da wani ɗan wasa ba lasisi ba ne. Yarjejeniyar wakilci tsakaninsa da 'yar wasa a rubuce take, ba ta wuce shekara 2.

Sai gwajin kansa. Gwaji na gaskiya yana da takarda: kulob ne ke gayyata, a cike fom ɗin gwaji na FIFA, a rubuta tsawon kwanaki da wanda zai ɗauki masauki, abinci da magani in an ji rauni. 'Yar shekara 21 zuwa ƙasa ba ta wuce mako 8 a kulob ɗaya cikin kaka guda. Wadda ta haura haka, mako 3. Dokar ta hana karɓar kuɗi don a ba mutum gwaji. Kada ku kira lambar da ke jikin wasiƙar gayyata, don mai wasiƙar ƙarya shi ke ɗaga wayar. Ku nemo adireshin kulob ɗin daga shafinsa, ku aika ku tambaya ko sun san da zuwanta.

To, a nan ne sai an yi adalci. Ba duk mai ambaton kuɗi ne ɗan damfara ba. Fasfo ku za ku biya. Kuɗin mota zuwa Abuja ko Legas don ganawar biza, mai yiwuwa ku ne. Ƙananan kulob na mata da yawa ba su da ƙarfin sayen tikitin wadda ba su taɓa gani ba, wani lokaci sukan ce ta kawo kanta. Wannan ba lallai zamba ba ce, amma caca ce, kuma iyali ne za su auna ko za su iya asarar kuɗin ba tare da an sayar da fili ba. In za a biya, a biya kamfanin jirgi da ofishin biza kai tsaye, a karɓi rasit, tikitin ya zama na zuwa da dawowa. Kuɗi a asusun ejan, a'a. Fasfo a hannun ejan, a'a, ko da minti ɗaya bayan an sauka. Bizar yawon buɗe ido ba ta ba ta damar sa hannu ta fara aiki. In ta ƙare tana can, ta zama mai zaman da ba izini. Ga 'ya mace haɗarin ya wuce asarar kuɗi, don masu safarar mutane ma sun iya cewa "ƙwallo". In labarin ya fara wari, hukumar yaƙi da safarar mutane, NAPTIP, na da ofishi a Kano.

In an dace kulob ya ce yana so, takardar izinin sauya ƙasa tsakanin hukumar ƙwallon Najeriya, NFF, da hukumar can ake neman ta ta na'urar FIFA, ba a hannun wani ake sayen ta ba. A karanta kwantiragi da lauya kafin sa hannu: albashi, gida, inshorar rauni, tikitin dawowa.

Shawarata dai ta fara shiga gasar mata ta Najeriya, NWFL. A Arewa akwai Nasarawa Amazons a Lafiya da Adamawa Queens a Yola. Daga irin waɗannan ake kiran 'yan Flamingos da Falconets, tawagogin matasan mata na ƙasa.

Ana barin mai hijabi ta buga?

Ana bari. Tun 2014 dokar wasa ta amince da rufe kai, muddin ba ya haɗe da riga kuma ba zai cutar da kowa ba. Nouhaila Benzina ta Maroko ta buga gasar duniya ta 2023 da shi. Dogon wando na ciki ma halal ne a doka, sai dai launinsa ya dace da gajeren wandon. Hankalinku ya kwanta ta wannan ɓangaren. Yardar iyaye kuwa ba FIFA ke bayarwa ba.

Ai a Barcelona benci Oshoala take zama.

Wannan ba tambaya ba ce, amma bari a amsa. Daga bencin ta taso ta ci Lyon a wasan ƙarshe na kofin zakarun Turai a 2019, ranar da aka doke su 4-1. A 2021 suka ɗauki kofin da 4-0 a kan Chelsea, ta zama mace 'yar Afirka ta farko da ta ɗaga shi. A kakar 2021-22 ta ci ƙwallo 20 a gasar Sifaniya, ta raba kambun da Geyse ta Brazil. Daga benci kuma ta shigo ta ci wa Najeriya ƙwallo ta uku a kan Ostireliya a gasar duniya ta 2023, aka tashi 3-2. Ku riƙa kallon wasa kafin ku yi magana.

Ita ce ta fi kowa a tarihin Falcons?

A lambar gwarzuwar Afirka, ita ce: sau 6, wato 2014, 2016, 2017, 2019, 2022 da 2023. Perpetua Nkwocha na da 4. Ta kuma ci ƙwallo a gasar duniya uku a jere, 2015, 2019 da 2023. Amma Nkwocha da Mercy Akide sun buga a zamanin da kulob na mata a Turai ba su da kuɗin yau, don haka lissafin kofuna ba zai yi musu adalci ba.

Kulob na iya hana ta zuwa buga wa Najeriya?

A ranakun da FIFA ta ware wa wasan ƙasashe, dole ya sake ta. A wajensu, sai ya ga dama. Kuma in ta dawo da rauni, kamar na gwiwar da ya fitar da Oshoala daga kofin Afirka na 2022 tun wasan farko da Afirka ta Kudu, kulob ɗin ne ke rasa 'yar wasa yana biyan albashi. Shi ya sa suke ja.