Charles "Bud" Tingwell

Charles William Tingwell, wanda aka fi sani da Bud, ɗan wasan kwaikwayo ne na ƙasar Ostireliya. An haife shi a unguwar Coogee ta birnin Sidni ranar 3 ga Janairu 1923, ya rasu a Melbon ranar 15 ga Mayu 2009 yana da shekara 86. Ya shafe sama da shekara sittin a sana'ar, amma ba kasafai ake ɗora shi a kan jarumin fim ba. An fi ba shi matsayin likita, sufeton 'yan sanda, lauya ko limamin coci, wato mutumin da ke tsaye kusa da jarumi yana riƙe masa labari.

Da rediyo ya fara, a tashar 2CH ta Sidni, tun yana matashi. A yaƙin duniya na biyu ya shiga rundunar sojan sama, ya tuƙa jiragen Spitfire da Mosquito na leƙen asiri a yankin Bahar Rum. Irin waɗannan jirage kyamara suke ɗauka a maimakon bindiga, saboda haka matuƙi ba shi da kariya sai gudu da tashi sama sosai. Bayan yaƙi ya samu ɗan gurbi a fim ɗin Smithy (1946), daga baya ya je Amurka ya fito tare da Richard Burton a The Desert Rats (1953).

A shekarun 1950 harkar fim a Ostireliya ta yi sanyi ƙwarai, 'yan wasa da dama suka tafi ci-rani Ingila. Shi ma ya bi sahu a 1956, kuma sai da ya yi shekara goma sha bakwai a can. Shirin asibiti na Emergency Ward 10, da ake nunawa sau biyu a mako, shi ya fito da sunansa a matsayin Dakta Alan Dawson. Sannan ya zama Sufeto Craddock a finafinai huɗu na Miss Marple, tsohuwa mai binciken laifuffuka da Margaret Rutherford ta fito a matsayinta, tsakanin 1961 da 1964. Wannan gurbi ya fi yadda ake zato wuya: tsohuwa ce ke gano mai laifi kullum, sufeton kuwa dole ya yi kuskure ba tare da ya zama wawa ba. In ya cika wauta, barkwancin ya lalace. In ya cika kaifin basira, tsohuwar ba ta da aiki. Horon rediyo ma ya yi masa rana, don ya ba da murya a shirye-shiryen 'yar tsana irin su Thunderbirds.

Ya koma gida a 1973 ya karɓi matsayin Sufeto Reg Lawson a Homicide, shirin 'yan sanda na kamfanin Crawford da ke Melbon. A nan ya tsallaka bayan kyamara, ya riƙa ba da umarni a shirye-shiryen talabijin kamar The Sullivans da Cop Shop. Wannan ne ya riƙe shi a lokacin da shekaru suka fara rage masa guraben fitowa, ko da yake ya fito a Breaker Morant (1980).

Matarsa Audrey ta rasu a 1996. Bai daɗe ba aka kira shi fim ɗin The Castle (1997), wanda aka ɗauka cikin kwana goma sha ɗaya kacal. Ya fito a matsayin Lawrence Hammill, babban lauya mai ritaya da ya tsaya wa wani iyali kyauta a kotun ƙoli, bayan hukuma ta nemi karɓe gidansu don faɗaɗa filin jirgin sama. Hujjarsa sashe na 51 ne na tsarin mulkin ƙasar, wanda ya ce gwamnati ba ta karɓar dukiyar mutum sai bisa sharuɗɗan adalci. Kowa a fim ɗin yana ba da dariya, shi kaɗai ya yi magana a natse, ba ɗaga murya, kuma da wannan fitowa matasan ƙasar suka san shi yana da shekara 74.

An ba shi lambar girmamawa ta ƙasa a 1999. Cutar daji ce ajalinsa, kuma gwamnatin jihar Biktoriya ta yi masa jana'izar ban girma a majami'ar St Paul da ke Melbon.