Alƙali ba ya ƙara maki: haƙƙin ɗalibin da bai gamsu da sakamakon jarrabawarsa ba

Da zarar sakamako ya fito, maganganu biyu ke yawo a bakin ɗaliban jami'a. Wasu su ce duk wanda ya nemi a sake duba takardarsa ya jawo wa kansa, malamai za su sa masa ido har ya kammala. Wasu kuma su ce ai da an je kotu, alƙali zai sa a ƙara maki. Duka biyun ba haka abin yake ba.

Neman sake dubawa ba laifi ba ne. Jami'o'i da yawa sun tanade shi a ƙa'idojinsu, da fom da wa'adi, ga mai digirin farko da na gaba da shi.

Inda ake ruɗewa shi ne, ganin takardarka daban, sake ba ta maki daban. A 1984 Kotun Ƙolin Indiya ta yanke cewa idan ƙa'idar hukumar jarrabawa ba ta tanadi sake ba da maki ba, ɗalibi ba zai tilasta a yi ba. A 2011 kotun nan ta ce a ƙarƙashin dokar samun bayanai ta 2005, ɗalibi na iya ganin takardarsa da aka duba, amma ganin bai ba shi haƙƙin sabon maki ba. Kotun Tarayyar Turai ma a 2017 ta ce amsoshin ɗalibi da abin da mai dubawa ya rubuta a kansu bayanan ɗalibin ne na kansa, wato yana iya neman ganinsu.

To mene ne amfanin ganin? A nan ne ake kama abin da kotu ke saurara. Ka buɗe shafin ƙarshe ka tarar da amsar tambaya ta 4 babu ko ɗigon jan biro a kanta. Ko makin ya haɗu 58, an shigar da 38. Ko malamin da kuke da rikici da shi ya duba shi kaɗai, alhali ƙa'ida ta ce mutum biyu. Waɗannan saɓa ƙa'ida ne, ana iya nuna su a takarda. Amma “amsata ta fi ƙarfin wannan maki” hukunci ne na masu ilimin fannin, alƙalai ba sa son shiga cikinsa. Ofishin da ke sauraron koken ɗaliban jami'a a Ingila da Wales ma ba ya taɓa wannan, kuma sai ɗalibi ya bi duk matakan cikin jami'a, sannan yana da wata 12 ya kai kuka.

Ina ganin hikimar hakan, domin alƙali bai karanci kimiyyar magunguna ba. Abin da ban ga adalcinsa ba shi ne jami'ar da za ta ba ɗalibi 'yan kwanaki ya yi ƙorafi, ta kuma hana shi ganin takardar da zai kafa hujja da ita.

Wanda zai nema ya nema a rubuce kafin wa'adi ya wuce, ya riƙe kwafi mai hatimin karɓa. Ya kuma karanta ƙa'idar da kyau, don a wasu jami'o'in makin na iya raguwa bayan sake dubawa, kuma sabon ne zai zauna.