Hawayen ɗan wasa: gardamar da ta taso daga Atens

Duk daraktan da ya taɓa ce wa ɗan wasa "shiga jikin mutumin nan, ka ji abin da yake ji" ya tsoma baki a wata gardama da ta haura shekara 2,300: shin sai ɗan wasa ya ji abin da yake nunawa, ko kuwa gwaninta ce kawai?

Aflatun, masanin falsafa na birnin Atens a ƙasar Girka, ne ya tayar da ita. A wata muhawara da ya rubuta, malaminsa Sokratis ya titsiye Ion, mai rera waƙoƙin Homer, tsohon mawaƙin Girka, a bainar jama'a. Ion ya ce in ya zo wurin ban tausayi idanunsa kan cika da hawaye, amma yana satar kallon mutane: in sun yi kuka, kakarsa ta yanke saƙa, kuɗi ya samu, in sun yi dariya, shi ne da kuka. Sokratis ya ce wannan kamu ne daga allolinsu, ba gwaninta ba. A littafinsa na tsarin mulki kuma Aflatun ya yi gargaɗi cewa mai yawan kwaikwayon matsoraci ko mugu, halin zai bi shi.

Almajirinsa Aristotal bai yarda ba. Wajen shekara ta 335 kafin haihuwar Annabi Isa, ya ce kwaikwayo ɗabi'ar ɗan Adam ce tun ƙuruciya, kuma wasan ban tausayi yana tayar da tsoro da tausayi ne don ya wanke zuciya. Shi a wurinsa labari ne ran wasa, ɗan wasa na baya ne.

'Yan wasan dai ba su jira hukuncin masana ba. An ruwaito cewa Polus, wani ɗan wasan Girka, ya hau dandali rungume da tulun tokar gawar ɗansa da ya mutu, don kukan ya fito daga ciki. Ni kam wannan ya wuce gona da iri.

Diderot na Faransa, a littafin da aka buga a 1830 bayan mutuwarsa, ya ce gwani shi ne wanda zuciyarsa ke a sanyaye, ba ya jin abin da yake nunawa. Stanislavski, da ya kafa gidan wasa a Mosko a 1898, ya fara da sa ɗan wasa ya tono tsohon baƙin cikinsa, daga baya ya koma ga aikin da jiki ke yi. Brecht na Jamus ya ce a daina sa mutane kuka, a sa su tunani. Augusto Boal na Brazil ya zargi Aristotal da kwantar wa talaka hankali, ya jawo 'yan kallo cikin wasa, kuma irin wannan tunani ya shiga wasannin wayar da kai da ɗaliban Jami'ar Ahmadu Bello suka riƙa kai wa mutanen Samaru da ƙauyukan Zariya.