Waiwaye: Ƙuri'ar 1894 da har yau ke riƙe da harshen Esperanto

Gardamar da ke tashe tsakanin masu jin Esperanto, harshen da aka ƙirƙira domin al'ummu daban-daban su fahimci juna, a 'yan shekarun nan ta jinsi ce. A harshen, patro shi ne uba. In ana son a ce uwa sai a cusa ɗafin -in- a samu patrino. Haka frato, ɗan'uwa, da fratino, 'yar'uwa. Wato namiji ne tushe, mace reshe. Masu son gyara sun kawo ɗafin -iĉ- domin namiji ma ya samu tasa alamar, suka kuma kawo wakilin suna ri wanda ba ya bambance namiji da mace. Wasu na amfani da su, wasu na cewa wannan ba Esperanto ba ne. Wanda ke kallo daga waje zai yi mamaki: harshen da mutum ɗaya ya zauna ya ƙirƙira, me zai hana a zauna a gyara shi? Amsar ta girmi duk masu gardamar.

Farkon labarin sananne ne. Ludwik Zamenhof, likitan ido Bayahude, an haife shi a 1859 a Biyalistok, garin da a lokacin ke ƙarƙashin daular Rasha, yau kuma yana cikin Poland. Yahudawa da 'yan Poland da Rashawa da Jamusawa na zaune wuri ɗaya, kowa da harshensa, ba a ga maciji. A 1887 ya buga ɗan littafin sabon harshensa a Warso, da ƙa'idojin nahawu 16 da tushen kalmomi wajen 900. Ya sa hannu da laƙabin Doktoro Esperanto, ma'ana likita mai fata, laƙabin kuma ya bi harshen. A cikin littafin ya sanar cewa ya yafe duk wani haƙƙin mallaka, harshen na jama'a ne.

Ba a banza ya yi wannan yafiyar ba. Kafin Esperanto akwai Volapük, wani harshen da aka ƙirƙira a Jamus wajen 1880, ya bunƙasa har ya yi babban taro a Paris a 1889. Rigima kan wanda ke da ikon yi masa gyara ta tarwatsa shi cikin 'yan shekaru. Ƙungiyar masu Volapük ta Nuremberg ta sauya sheƙa zuwa Esperanto a 1888, kuma a garin ne aka fara buga mujallar La Esperantisto a 1889. Tsofaffin masu Volapük sun shigo da hannu da kuɗi, sun kuma shigo da ɗabi'ar son gyara.

Ƙorafinsu ba na wasa ba ne. Na farko haruffa shida masu alama a ka: ĉ, ĝ, ĥ, ĵ, ŝ da ŭ. Maɗaba'u ba su da su, sai an sa an zuba musu na musamman. Duk wanda ya taɓa neman ƙ ko ɗ a waya ya rasa ya san irin wannan ciwon kai. Na biyu harafin -n da ake liƙa wa karɓau, wato sunan da aikin ya faɗa a kansa. Ana cewa la hundo mordis la viron, kare ya ciji mutumin. Ko an juya jimlar an ce la viron mordis la hundo, karen ne dai mai cizon, domin -n ɗin na jikin mutumin. Amfaninsa ke nan, ya ba da damar jera kalmomi yadda aka so. Illarsa kuwa, a nan ne ɗalibai suka fi tuntuɓe. Na uku dole sifa ta bi suna: bona domo, gida mai kyau, jam'insa bonaj domoj, in karɓau ne bonajn domojn.

Da matsin ya yi yawa, a 1894 Zamenhof ya yi abin da ba kasafai maƙirƙiri ke yi ba. Ya zauna ya rubuta daftarin sabon harshe bisa ƙorafin da ake aiko masa, ya riƙa buga shi kashi-kashi a mujallar, duk da shi kansa bai gamsu da shi ba. Daftarin ya cire haruffa masu alama, ya soke -n na karɓau, ya mai da jam'i -i maimakon -oj, ya 'yanta sifa daga bin suna, ya watsar da kalmar la da ake sawa a gaban sunan abin da aka riga aka sani, ya kuma musanya kalmomi da yawa da waɗanda suka fi kusa da Latin. Sannan aka miƙa wa masu karɓar mujallar su jefa ƙuri'a.

Mutum 157 suka ce a bar harshen yadda yake, 107 suka nemi canji. Abin da aka fi mantawa shi ne yadda 107 ɗin suka rabu. 'Yan ƙalilan ne suka amince da daftarin da aka ɗora musu a gaba. Mafi yawansu gyara suke so, amma ba wannan ba. Kowa da nasa: wanda -n ke damunsa ba ruwansa da haruffa, wanda haruffa ke damunsa yana son -n ɗinsa. A ganina nan ne gizo ke saƙar. Masu cewa a bari abu ɗaya suke karewa, masu cewa a gyara abubuwa ɗari suke nema, kuma babu ranar da ɗari za ta haɗu ta rinjayi ɗaya. Ga kuma lissafin aljihu. Duk gyaran da ya taɓa nahawu yana kashe ƙamus da littafin koyo da aka riga aka buga, ya mai da wanda ya gama koyo ɗan aji ɗaya. Mutanen da ba su kai 300 ba suka yanke hukuncin, amma hukuncin ya zauna.

Abin da ya biyo baya hatimi ne kawai. A 1905, a babban taro na farko a Boulogne-sur-Mer ta Faransa, mutum 688 suka hallara, aka amince da Fundamento de Esperanto, wato tushen harshen: ƙa'idojin nan 16, da littafin jimlolin gwaji, da ƙamus. Aka ce ba mai ikon taɓa shi, har Zamenhof. Ana iya ƙara sabuwar kalma, tsohuwa na iya mutuwa da kanta in an daina amfani da ita, amma ba a goge komai da alƙalami.

An gwada ɗaya hanyar. A 1907 aka fito da gyararren Esperanto mai suna Ido, sunan da ke nufin ɗa ko tsatso, kuma da yawa daga buƙatun 1894 na cikinsa: ba harafi mai alama, jam'i da -i, sifa ba ta bin suna. Manyan masana da dama suka koma can, talakawan masu magana suka tsaya inda suke. Ido ya shafe shekarunsa na farko ana gyara shi, wasu daga cikin mabiyansa suka sake ɓallewa zuwa wasu sabbin harsunan. Yana nan har yau, amma masu jinsa ba su taka kara sun karya ba.

Esperanto kuwa ya tara al'umma. Ƙungiyarsa ta duniya, UEA, an kafa ta a 1908, hedikwatarta na Rotterdam. UNESCO ta yaba da aikinsa a taronta na Montevideo a 1954. Ƙiyasin masu jinsa ya bambanta ƙwarai, daga dubun dubata zuwa miliyan 2, gwargwadon abin da mai ƙidaya ya ɗauka a matsayin iyawa. Akwai kusan mutum 1,000 ko fiye da suka tashi da shi tun suna goye, galibi inda uba da uwa suka haɗu ta dalilinsa. Manhajar koyon harsuna ta Duolingo ta buɗe darasinsa a 2015, a 2024 kuma aka yi babban taron duniya a Arusha ta Tanzaniya, karon farko a Afirka.

Kuma harshen ya canza, sai dai ta ƙofar baya. Harafin ĥ ya kusa ɓacewa: ĥemio, ilimin haɗa sinadarai, ya koma kemio a bakin yawancin mutane ba tare da an yi taro ba. Sunan ƙasa da ake gina shi da -ujo, kamar Francujo, ya yi gogayya da Francio tun bayan yaƙin duniya na farko, aka ɗauki gomman shekaru kafin sabon ya yi rinjaye, tsohon kuma bai zama kuskure ba. Matsalar haruffa masu alama an lallaɓa ta da rubuta cx ko sx a madadin ĉ ko ŝ a kwamfuta, har manhajoji suka samar da su. Ita ma ri, wadda aka fara ba da shawararta tun ƙarshen shekarun 1970, wannan hanyar take bi. Ana jin ta a tarukan matasa da zaurukan intanet, ba ta cikin Fundamento, kuma li da ŝi, wato shi da ita, suna nan inda littafin 1887 ya ajiye su.